Ranar da Na Kira Gayya a Ƙauyen Faransa

Gwiwata ta hagu ce ta jawo wannan tunani. Tun bara take damuna, in na yi zaman tahiya sai na dafa bango kafin in miƙe, har 'yata ta gaji da jin nishina ta ce, "Baba, na yi maka booking ranar Talata. Kuma don Allah kada ka ce ka manta." Daga flat ɗinmu na Abbey Wood zuwa asibitin ba nisa, bas ɗaya ce. Wadda ta karɓe ni wata yarinya ce siririya, ba za ta girmi autata ba, tana buɗe baki na gane Bafaranshiya ce. Ta kwantar da ni, ta kama ƙafar tana lanƙwasawa a hankali har ta kai inda ciwon yake. Ban san lokacin da wata kalma ta kuɓuce mini ba, kalmar da manoman duwatsun tsakiyar Faransa ke daka wa shanun aiki in suna so su tsaya. Yarinyar ta saki ƙafata ta zuba mini ido, sai ta fashe da dariya har da riƙe ciki, ta tambaye ni a ina na samo wannan. Na ba ta amsa da Faransanci, amma ba na littafi da na shekara talatin ina koyarwa a makarantun London ba, wancan na ƙauye, mai nauyi, mai jan wutsiyar kalma. Dariyar ta ɗauke. Ta ce, "Kakana ne na ƙarshe da na ji yana magana haka. Ko babana ba ya yi, kunya yake ji." Ashe daga waɗannan duwatsun ta fito. Ta ce yanzu in ka shiga ƙauyen kakanta da hunturu, gidaje uku kawai za ka ga hayaƙi na tashi. Sauran gidajen kuwa baƙi ne suka saye, sai lokacin zafi suke zuwa su buɗe tagogi na 'yan makonni. Gonakin kuwa duk sun koma hannun mutum ɗaya da injunansa. Na dawo gida a bas ina kallon titi, amma ba titin nake gani ba.

Ina ɗan shekara ashirin da 'yan kai aka tura mu Faransa, mu da muke karanta harshen a jami'a, don mu yi shekara guda a cikin masu shi. Da dogon hutu ya zo abokaina suka watse, wasu Paris, wasu bakin teku. Malamarmu, wata dattijuwa marar ɓoye-ɓoye, ta kira ni ta ce Faransancina yana da tsabta amma ba shi da jini. Ta tambayi sana'ar mahaifina, na ce noma. Ta ce to tana da kawu a ƙauye da ke neman hannu a lokacin yankan ciyawa, in ba na ƙyamar kashin shanu. Na ce a cikinsa na girma. Haka na hau jirgin ƙasa, na sauka na hau bas, daga ƙarshe motar da ke bi gida-gida tana kwasar madara ce ta ajiye ni a bakin wani ƙauye da aka gina da baƙin dutse, a kwance a gefen tsauni. Tsohon da ya tare ni gajere ne kakkaura, da gashin baki fari da hular da ba ta barin kansa. Sunansa Farnan, matarsa Marta. Bakina ya kasa kiran sunan sa'o'in iyayena gatsal, sai na riƙa ce masa Baba, ita kuma Inna. Da na fassara musu ma'anar, Inna Marta ta goge hannu a zanen gabanta ta ce ta karɓa. Su kuma suka sa mini suna da harshensu, wanda ma'anarsa Dogo, don sai na sunkuya nake shiga ƙofar kicin. Ranar farko ta ajiye mini naman alade. Na yi mata bayani cikin jin nauyi. Ta ɗauke, washegari na ga ta sauko da wata ƙaramar tukunya daga kan kanta ta wanke ta da toka. Har na bar gidan nan ba a dafa abincin kowa a cikinta ba sai nawa.

Abin da ya fi zama mini a rai shi ne sautin garin. Kafin rana ta fito za ka ji Baba Farnan zaune a bakin ɗakin shanu yana ƙwanƙwasa bakin laujensa da 'yar guduma, ƙwas, ƙwas, ƙwas, daga can ƙasan gari wani tsoho ya amsa masa da tasa. Laujensu ba irin namu ba ne, ƙotarsa ta kai tsayin mutum, a tsaye ake yanka da shi. Sai ƙararrawar wuyan shanu in an kora su kiwo, kowace saniya da muryar tata, Inna Marta tana daga kicin za ta ce wance ta tsaya a baya. Sai takalman katako a kan dutsen hanya. Sai matan da ke wanki a kwamin tsakiyar gari suna dukan tufafi da katako, abin da ya riƙa tuna mini masu bugu a kofar gidanmu. Sau uku a yini ƙararrawar coci ke kaɗawa, a nan ne kawai Baba zai cire hula, ya tsaya cik a tsakiyar gona har ta gama. Ni ma in azahar ta yi na shimfiɗa rigata a gefen shinge, sai ya tsai da shanun ya jira ni, bai taɓa nuna ƙosawa ba. Ya ce shanun ma suna son hutun. Mukan fita yanka tun raɓa ba ta bushe ba, don a lokacin ciyawa ke bin lauje. Kwanakin farko da ƙarfi nake yi, kafin hantsi kafaɗuna sun mutu. Sai ya zo ya tsaya bayana ya ce, "Dogo, ba faɗa kuke yi ba. Sassauta hannu, ka bar shi ya tafi, kai dai ka raka shi." Can wajen ƙarfe tara Inna Marta za ta ɓullo da kwando, burodi da cuku da kofi mai zafi a tulu. Burodin nan sau ɗaya ake gasa shi a mako biyu, a wani babban tanderu na gari duka. Ta ce da tana amarya sai an yi layi, kowane gida da ranarsa. A shekarar da na je gida uku ne kawai ke hura shi.

Ya kamata in faɗi matsayin ciyawa a wurinsu, don wanda bai zauna can ba zai ɗauka wasa ne. A gida muna tara harawa da ingirici saboda rani, amma ko ba ka tara ba dabba za ta fita ta yi kalen wani abu. A can dusar ƙanƙara ke rufe ƙasa wata biyar, shanu na kulle a ɗaki, ba abin da za su ci sai abin da ka yanka ka busar ka ɗora a benen da ke samansu. In an yanka, sai ta sha rana kwana uku ana juya ta da manjagara. Ruwa ya dake ta a kwance, ta yi baƙi ta ruɓe, shi ke nan. Shekarar da ta gabata haka ta faru da Baba, dole ya sayar da shanu biyu a tsakiyar hunturu. 'Ya'yansa uku duk suna birni. Babban yana masana'antar motoci kusa da Paris, kuma kowace wasiƙarsa magana ɗaya ce: a sayar da shanun, a rufe gidan, su dawo wurinsa, ya samo musu ɗaki a hawa na takwas mai ruwan zafi a famfo. Baba ya yi masa alkawari cewa in ciyawar bana ma ta lalace, zai bi. Inna ce ta gaya mini, muna ɓarar wake a bakin ƙofa. Ta ce, "Hawa na takwas, Dogo. Mutumin da tun da aka haife shi bai taɓa kwana nesa da numfashin saniya ba."

A wannan zaman ne kuma ta ba ni labarin Roje. Gidansa na ƙarshen gari, shi kaɗai ne matashin da bai tafi ba, in mai shekara arba'in matashi ne, kuma shi kaɗai ke da tarakta da injin da ke haɗiye ciyawa ya fitar da ita a ɗaure. Tare ya tashi da 'ya'yan Baba, a kicin ɗin nan ya sha cin abinci. Da hukuma ta zo ta sake yanka gonaki don su yi faɗin da inji zai iya juyawa, sai wani shinge da ke tsakaninsu ya faɗa rabon Roje. A cikin shingen akwai bishiyar tuffa da mahaifin Baba ya dasa. Roje ya tumɓuke shingen duka, har da ita, bai zo ya yi magana ba. Shekara shida ke nan ba sa ko gaisawa. In sun haɗu a coci, wannan ya zauna dama wancan hagu. Baba kan ba ni labarin yadda ake yi a da, maza ashirin a jere da lauje, a gama gonar wannan a shiga ta wancan, mata na biye da manjagara suna waƙa. Ni kuma in ba shi labarin gayya a garinmu, yadda samari ke jeruwa da fartanya, makaɗi na bin su da ganga yana zuga kowa da sunan kakansa, mai gona na jiransu da fura a gindin kuka. Yakan girgiza kai ya ce ashe duniya ɗaya ce. Amma ko sau ɗaya sunan Roje bai fito daga bakinsa ba.

Babbar gonar Baba tana ƙasa, bakin rafi, ita ke ba da rabin abincin hunturu. Mun yi kwana huɗu muna yankan ta, ta sha rana biyu, saura ɗaya. A rana ta uku tun hantsi iska ta tsaya cak. Ƙudaje suka addabi shanun, tsattsewa na shawagi ƙasa-ƙasa har kamar za su taɓa ciyawa. Baba ya dubi yamma ya daɗe, sannan ya ce a ɗaura wa bijimai karkiya. Muka fara lodi, ni ina miƙawa da cokalin ciyawa mai yatsu uku, shi yana kan amalanke yana jerawa, Inna na tattarawa. Kowane zuwa da dawowa sai ya ci kusan awa guda, ga bijimai ba a sa su gudu. Bayan azahar mun kai lodi uku, abin da ya rage ya fi goma. Daga bayan tsauni hadari ya fara haɗowa, baƙi ƙirin, ana jin cida can nesa. Na dubi Baba yana riƙe da igiyar bijimai. Sai na ga mutumin da ya riga ya fara hawa matakalar bene takwas a zuciyarsa.

Na ajiye cokalin na ce zan je in sha ruwa. Inna ta dube ni, ga tulun ruwa a gefenta, amma ba ta nuna mini shi ba. Na haura gari a guje. Niyyata in yi abin da na san ana yi a gida, in bi ƙofa-ƙofa in ce ciyawar Baba Farnan na ƙasa ga hadari. Na buga ƙofar farko, wata gwauruwa mai shekara kusan tamanin ta fito, ta ji, ta koma ta ɗauko manjagara. Gida na biyu a rufe, na uku a rufe, ciyawa ta tsiro a bakin ƙofa. Na huɗu tsohon ɗan aiken gidan waya ne mai ƙafa ɗaya da rabi, ya ce yana zuwa. Na biyar a rufe. Kafin in kai ƙarshen layi na tara mutum huɗu, ba wanda bai haura saba'in ba. A nan na tsaya ina haki, na gane cewa gayyar da nake nema ta riga ta hau jirgi ta tafi birni tun kafin in zo. Gida ɗaya ya rage. Na san in na shiga, wataƙila daren nan ba zan kwana a gidan Baba ba.

Na tarar da Roje a ƙarƙashin rumfa yana goge hannu da tsumma, tasa ciyawar tun jiya ta shige. Duk da saurin da nake yi, tarbiyya ta hana ni faɗa masa kai tsaye. Na gaishe shi, na tambayi iyali, na tambayi aiki. Ya dube ni kamar wanda ya ga mahaukaci. Ya ce, "Kai ne baƙon Farnan. Me ya faru?"

Na ce, "Ciyawarsa ta bakin rafi tana ƙasa."

Ya ɗaga kai ya dubi sama, ya dawo da ido kaina. "Shi ya aiko ka?"

Ƙarya ta zo mini har bakin harshe. Da na ce e, da magana ta ƙare. Amma na san in ya isa can ya tarar ba haka ba ne, abin zai fi da muni. Na ce, "A'a. Bai ma san na zo ba. Ni na zo."

"To ka san abin da ke tsakaninmu?"

"Na sani."

"In na je ya kore ni a gaban mutane fa?"

Na ce, "Zai iya. Amma in ruwan nan ya sauka, kafin hunturu za a rufe gidan, su tafi Paris. Kai kaɗai za ka rage."

Ya ci gaba da murza tsumman. Matarsa ce ta leƙo ta taga, ashe tana jin mu, ta ce, "Roje, Marta ce ta karɓi haihuwar 'yarka. Me kake jira?" Ya yi wata magana ƙasa-ƙasa wadda ba a koya mana a jami'a ba, ya jefar da tsumman ya ce in hau baya.

Tun daga nesa Baba ya ji ƙarar tarakta. Kafin mu iso ya sauko daga amalanke ya tsaya a bakin mashigar gonar, cokalin ciyawa a hannunsa. Roje ya tsai da inji amma bai kashe ba. Tsofaffin da na tara suna tsaye a gefe da manjagaransu, ba mai motsi. Baba bai dubi Roje ba, ni ya duba. Ya ce, "Wa ya sa ka?" Na ce ba kowa. Ya ce, "A gidana kake ci, ka je ka yi mini bara?" Maganar ta soke ni, na sunkuyar da kai. Sai ga Inna Marta ta taho a hankali, ta tsaya kusa da shi, ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Farnan, ni ba zan mutu a hawa na takwas ba. Matsa." Iska mai sanyi ta taso ta ɗaga ciyawar da ke bakin shinge. Baba ya dubi hadarin. Sannan ya juya, ya kama igiyar bijimansa ya ja su gefe, mashiga ta buɗe.

Ban taɓa ganin aiki irin na wannan yammacin ba. Injin na bin layi yana haɗiya yana tofar da ɗauri, ni da Roje muna jefawa a tirela, tsofaffi na tattara abin da ya zube, gwauruwar nan har da 'yar waƙarta da muryar da ta dushe. Abin da zai ci mu kwana biyu ya shige bene cikin awa biyu. Baba bai taɓa ɗauri ko ɗaya ba. Ya koma can kusurwar gona, inda ƙasa ke da laushi inji ba ya shiga, yana loda amalankensa shi kaɗai kamar yadda ya saba. Da muka kai lodin ƙarshe na koma na taya shi. Muna tsakiyar hanya ruwa ya ɓarke kamar da bakin ƙwarya. Bijimai ba su ƙara sauri ba, shi ma bai ce su ƙara ba. Lodin nan ɗaya ne kawai ya jiƙe a duk gonar.

Al'adarsu ce duk wanda ya taɓa ciyawarka sai ya ci a teburinka. Tsofaffi suka shigo suna ɗiga, Inna ta ɗora miya. Roje ya tsaya a bakin ƙofa yana juya hula a hannu, ya ce shi zai wuce. Kowa ya juya yana kallon mai gida. Baba ya ɗauki burodi ya dafe shi a ƙirji kamar kullum, ya yanka, ya miƙa wa kowa nasa. Sannan ya yanka wani, ya ajiye a gaban kujerar da ba kowa. Roje ya shigo ya zauna. Aka yi ta ci, cokula na ƙara, ruwa na dukan rufi. Can Baba ya ce, ba tare da ya ɗaga kai ba, "Ubana ne ya dasa tuffar nan."

Roje ya ce, "Na sani. Na fi 'ya'yanka cin 'ya'yanta."

"Da ka zo ka faɗa mini."

"Da na zo, da ka yarda?"

Baba ya tauna burodinsa ya haɗiye. Ya ce, "A'a." Tsohon ɗan aiken nan ya tuntsire da dariya har ya ƙware, sauran suka kama. Iyakar sulhun da aka yi ke nan, ban kuma ji an sake ta da maganar ba.

Ni kuwa kwana biyu Baba bai yi mini magana ba. Na riga na fara tunanin haɗa jakata. A rana ta uku da sassafe ya kira ni bakin ɗakin shanu, ya miƙo mini gudumar ya ce in gwada gyara bakin laujen da kaina, abin da bai taɓa bari na taɓa ba. Ina ƙwanƙwasawa yana kallo, sai ya ce, "Ka kyauta, Dogo. Ba zan ce ba ka kyauta ba. Amma ka ga abin da injin nan ya yi? Aikin mutum ashirin. To sauran sha taran me zai zaunar da su a nan?" Tambayar nan ta zauna mini a rai. Yanzu ma da furfura ta cika mini kai tana nan.

Shekarun baya da na je gida, na tarar garinmu ma ya bi sahu. Ba mai kiran gayya, ana fesa maganin ciyawa, ana hayar tarakta, samarin suna Kano da Abuja a kan babura. Gangar noma tana rataye a zauren wani tsoho, fatar ta tsage. Ba na cikin masu cewa da can komai ya fi. Na ga hannun Inna Marta, yatsun sun karkace saboda ruwan sanyin wanki, na kuma ga bayan mahaifiyata. Wanda ya ce a koma, bai yi aikin ba. Ni kaina ai ɗaya ne daga cikin sha taran nan, na bar fartanyar ubana na zo na tsufa a ƙasar wasu, a hawa na huɗu, da ruwan zafi a famfo, kuma alhamdu lillahi ban raina ba. A nan ma ba a rasa ɗan abin da ya yi kama da na da. Watan jiya council, wato ƙaramar hukumar unguwarmu, ta sauya wa wani maƙwabcinmu gida, mutumin Filato ne da ke zuwa coci a Plumstead, aka sa saƙo a waya, kafin azahar mutum goma sha sun hallara, nasu 'yan coci da namu 'yan masallaci, wannan da mota wancan da tukunyar shinkafa. Ni dai an zaunar da ni a kujera an ce in tsare akwatuna. Jikokina suna jin Hausa su amsa da Turanci, in na ba su labarin shanu sai su ce, "Grandad, again?" amma sukan zauna su saurara.

Inna Marta ta riƙa rubuto mini wasiƙa sau ɗaya a shekara, bayan an gama ciyawa. Daga gare ta na ji ba su je Paris ba. Na ji cewa bayan shekara biyu Baba ya sayar da bijiman, ya ƙi a sa su a mota, ya taka da su har kasuwa da ƙafarsa ya dawo shi kaɗai da karkiya a kafaɗa. Na ji an daina hura tanderu. Shekara tara bayan tafiyata ya rasu a gadonsa, shanunsa suna kusa yana jin motsinsu, kuma Roje na cikin huɗun da suka ɗauke shi. Ita ta ƙi barin gidan, ta riƙe saniya biyu. Wasiƙarta ta ƙarshe gajera ce, rubutun ya karkace har da ƙyar na karanta. Ta ce: "Dogo, ciyawa ta shiga a bushe. Roje ne ya yanka, kamar kowace shekara. Ya ƙi karɓar komai, sai kofi. Na ce ya zauna a kujerar tsoho, ya ce a'a, ya jawo tasa."